Bashin da Na Ɗauka a Gaban Makara

Ni mahauci ne. A Abatuwa, mayankar Jos, na tashi, a can nake har yau, teburina yana kusa da ƙofar masu kayan ciki. Karatuna a aji biyu na sakandare ya tsaya, don haka kada mai karatu ya nemi lafazin malamai a nan. Abin da ya same ni zan faɗa, yadda ya same ni.

Mu biyu ne maza a wajen mahaifinmu, ni da Yaya. Haƙar kuza ce ta kawo kakanmu Jos, babanmu ya kama fawa, ni na gaje shi. Yaya kuwa ya yi boko har ya samu aikin akawu a wata ma'aikata. Shi ne mai farar riga a gidanmu, ni mai ƙarnin jini, kuma ba mu taɓa samun saɓani a kan haka ba. In ya zo teburina sai ya ce, "Ƙanena, auno min tsoka, ban da ƙashin nan da kuke cusa wa bayin Allah." In ce masa, "Mai jiran albashi ai ƙashi ne daidai shi." Ya yi dariya, ya karɓi naman ya tafi bai biya ba. Ban taɓa tambayarsa ba.

Wata rana ya zo yana ta fara'a, ya ce ya samu gida a unguwar Daɗin Kowa, ɗaki uku da falo, da rijiya a tsakar gida. Na ce da wane kuɗin? Ya ce banki ne zai biya mai gidan, shi kuma a riƙa cira daga albashinsa har shekara ashirin da biyar, takardar gidan tana hannun banki sai ya gama.

Na ce, "Yaya, ba kuɗin ruwa a ciki?"

Ya ce, "Ɗan kaɗan ne, kamar kuɗin hidima. Tun kafin albashi ya iso hannunka sun cire, ko ji ba za ka yi ba."

Shi ya yi karatu, ni ban yi ba, sai na bar maganar. Ranar walimar shiga gida ni na yanka ragon.

Ni ma a lokacin ina da nawa burin. Da kuɗin adashi na sayi fili a bayan gari, gefen wasu duwatsu. Na haƙa tushe, na buga bulo na jera. Muna zaune a ɗaki biyu na haya a Anguwan Rogo, ni da maiɗakina da yaranmu, banɗaki ɗaya da duk 'yan hayar gidan, da safe sai ka bi layi da buta a hannu cikin sanyin nan na Jos. Duk ranar da kasuwa ta tashi da wuri, maiɗakina takan sa mu hau mota mu je filin, ta tsaya a kan tushen tana cewa nan ne madafi, nan ne inda za ta yi shanya. Har itacen fiya ta dasa a kusurwa, ta kewaye shi da ƙaya saboda awaki.

Sai na bayyana yadda muka san bashi a sana'armu, don nan ne tushen maganar. Mahauci yakan je kara, kasuwar shanu, ya karɓi sa a hannun falke, ba ko sisi, a kan magana. Ya yanka, ya sayar, ya kai. In ana bin ka goma ka kai biyar, saura biyar. Ko wata nawa aka yi, biyar ɗin nan biyar ce. Haka na ga ubana yana yi, haka nake yi, kuma ban taɓa zaton akwai wani bashi a duniya da ba haka yake ba.

Yaya ya yi kusan shekara goma sha biyu ana cira. Hawan jini ya kayar da shi a ofis, kafin a isa asibiti ya cika. Ya bar mata ɗaya da 'ya'ya huɗu, babban namiji ne, bai gama firamare ba.

Aka fito da makara ƙofar gida, aka yi sahu. Kafin kabbara liman ya juyo, kamar yadda aka saba, ya ce duk wanda yake bin mamaci bashi ya faɗa, duk wanda ya san ana bin sa ya faɗa. Wani mai shago ya ce yana bin sa kuɗin buhun shinkafa, ya yafe. Aka sa masa albarka. Sai wani abokin aikin Yaya ya yi gyaran murya ya ce, "Allah gafarta malam, akwai na banki. Na gidan nan."

Liman ya ce bashi ba abin wasa ba ne, mamaci yana rataye da shi har sai an biya, ko akwai wanda zai ɗauka a cikin dangi? Idanu suka dawo kaina. Dangin namiji ni kaɗai ne. Ga Yaya kwance cikin likkafani a kan ƙasa, rana tana dukansa, mutane suna jira.

A tsaye a nan na yi lissafi irin namu. An yi kusan rabin shekarun, ke nan an biya kusan rabin kuɗin. Rabin da ya saura, in na matse, na jinkirta rufin gidana shekara biyu ko uku, zan ture shi. Na ce, "Yana wuyana."

Liman ya ce, "Ka ɗauka?"

Na ce, "Na ɗauka. Ku shaida."

Aka yi kabbara.

Bayan sadakar arba'in na sa kaya masu tsabta na tafi bankin da takardar shaidar mutuwa. Wata yarinya ce a kan teburin, ba za ta girmi ƙanwata ta ƙarshe ba. Ta danna na'ura, ta juyo min da fuskar allon, ta ɗora farce a kan wata lamba. Lamba kam ina iya karantawa. Na karanta, na sake karantawa.

Na ce, "'Yata, kin buɗo na wani. Wannan ai kusan abin da ya karɓa ne tun farko."

Ta ce nasa ne.

Na ce, "To kuɗin da aka yi shekara da shekaru ana cira fa? Aljanu suka kwashe?"

Ta shiga bayani, rabi Turanci rabi Hausa, ban kama komai ba sai abu biyu. Akwai watannin da aka yi ba a biya albashi ba a wajen aikinsu, a watannin nan ba a cira ba, sun zama bashi a kan bashi, da tara a kai. Sannan akwai inshorar da ya kamata ta biya in mai bashi ya mutu, ita ma ta faɗi tun a waɗancan watannin, ba wanda ya tayar da ita. Ta ƙara da cewa in ba a biya abin da ya taru ba cikin ɗan lokaci, gidan zai tafi gwanjo. Na ɗaga murya. Na ce musu ɓarayi masu sanye da kwat. Mai gadi ya zo ya riƙe min hannu yana cewa, "Oga, yi haƙuri," har waje.

Wanda ya fahimtar da ni maƙwabcin Yaya ne, wani Ibo mai shagon kayan gini a bakin layinsu. A Jos aka haife shi, sun yi zaman mutunci da Yaya, ranar jana'iza ma yana tsaye daga gefe. Ya gan ni na sauko daga keke napep fuska a murtuke, ya jawo min benci.

Da na gama zagin banki sai ya nuna wani baro da ke jingine a ƙofar shagonsa. Ya ce, "Oga mai nama, yaran da suke ɗaukar baron nan kullum suna ba ni kuɗin haya. In mutum ya yi shekara goma yana biya, baro ya zama nasa?"

Na ce a'a.

Ya ce, "To kuɗi ma haya ake ba da shi. Yayanka hayar kuɗi ya ɗauka. Kowane wata banki zai fara cire kuɗin hayarsa, ɗan abin da ya rage shi ne yake taɓa ainihin bashin. Da farko bashin babba ne, hayarsa babba, saboda haka kusan duk abin da aka cira haya ya tafi. Sai can ƙarshe ne bashin yake fara sauka da gudu. Shi bai kai can ba."

Na zauna ina kallon baron. Shekara goma sha biyu Yaya yana ƙin sayen babur, yana sa takalmi ɗaya har ya fashe, yana cewa ya kusa rabi. Ya mutu bai sani ba. Da duk karatunsa bai sani ba, ko kuma ya sani ya kasa faɗa wa kowa. Har yau ban san wanne ne ba.

Ibon ya ce, "Ka ji shawara. Ku sayar da gidan da kanku kafin banki ya sayar. Ku biya su, abin da ya rage ku kama wa madam haya."

Na ce, "Na yi magana a gaban gawa."

Ya ce, "Gawa ba ta san kuɗin ruwa ba, oga. Kai ma da ka yi maganar ba ka sani ba."

Na koma wajen liman. Bai ɓoye min ba, ya ce a shari'a daga abin da mamaci ya bari ake fara biyan bashi, in an sayar da gidan ba a yi laifi ba. Amma ya ce ni na ce na ɗauka, jama'a sun ji, sai in duba zuciyata. Na fito da niyyar in je in gaya wa matar Yaya gaskiya, a sayar.

Na same ta a kan tabarma a falo, tana takaba, yaran sun kewaye ta. Ashe labari ya riga ni. Ban buɗe baki ba ta ce, "Baffansu, na ji yadda ake ciki. Ban ce komai ba. In za a sayar, roƙona ɗaya, a bari in fita takaba a ɗakina."

Ƙaramar yarinyar tana wasa da hular Yaya. Na ji bakina yana cewa, "Wa ya ce miki za a sayar? Ba mai sayar da gidan nan ina raye."

Abin da ya taru da tararsa, ba ni da inda zan samo shi sai wuri ɗaya. Na gaya wa maiɗakina tana tankaɗe. Ta ajiye rariyar.

Ta ce, "Filin?"

Na ce, "Filin. In Allah ya hore sai mu sayi wani."

Ta ce, "Ka shawarce ni kafin ka buɗe baki a gaban mutane?"

Na ce, "Mata suna tsayawa sahun jana'iza ne da zan juyo in tambaye ki?"

Ta ce, "Ba sa tsayawa. Amma su suke bin layin banɗaki a gidan haya."

Ta ɗauki rariyarta ta ci gaba da tankaɗe. Na sayar da filin da tushensa da bulonsa ga wani ma'aikacin kwastan. Kuɗin ko kwana bai yi a hannuna ba. Na kai banki, suka share abin da ya taru, ainihin bashin yana nan zaune kamar dutse.

Daga nan manajan ya kira ni ofishinsa, har da ba ni ruwan sanyi. Ya ce ya ga ni mutumin kirki ne, zai sauƙaƙa min: za a rage abin da zan riƙa kawowa duk wata, a ƙara yawan shekarun. Na yi ta godiya, na fito ina cewa ashe a cikinsu ma akwai masu imani. Na biya ta shagon Ibon in ba shi labari. Ya dafe kai.

Ya ce, "Sun ƙara maka shekarun haya, kai kana musu godiya. In ka haɗa duka a ƙarshe, abin da za ka biya ya fi na da."

A wannan karon na gane tun kafin ya gama. Amma me zan yi? Na watan da suka fara yankawa ba zan iya ba. Na sa hannu ina sane.

Mutane suna zaton tsadar irin wannan bashi ita ce lambar da ke kan takarda. Ni da na biya, ga abin da na gani. Mahauci da jari yake girma. In ka tara, sai ka daina karɓar sa bashi, ka saya da kuɗinka a farashi mai sauƙi, daga ɗaya ka koma biyu, wata rana ka aika a ɗauko maka daga kasuwannin ƙauye. Waɗanda muka fara tare haka suka yi, wasunsu yanzu mota guda ake sauke musu. Ni kuwa duk abin da ya taru, ƙarshen wata ya zo ya share. Har gashina ya yi fari ina tsaye gaban falke ina cewa a ba ni zuwa jibi.

Lokutan da gari ya rikice aka sa dokar hana fita, shanu ba sa shigowa, nama ya lalace a hannunmu, banki bai san da wannan ba. Wata ya cika, ya cika. Lokacin da kaya suka yi tsada, su ma suka aiko cewa ruwan ya ƙaru. Babbar 'yata ta samu gurbi a makarantar koyon jinya, na ce ta jira baɗi. Baɗin ya zo na ce ta jira wani. Ta gaji ta koyi ɗinki. Ɗana yana tuƙa keken wani, kullum yana kai wa mai shi balas, kuɗin yini. Yaran Yaya kuwa sun yi karatu, don ba a biyan haya a gidansu, ɗan kuɗin sallamar ubansu ya tafi makaranta. Ban yi baƙin ciki da karatunsu ba, Allah ya sani. Amma in na ce ban taɓa kwatantawa ba, na yi ƙarya.

Gaskiya guda kuma zan faɗa don kada a ce na zalunci banki. A shekarun ƙarshe, da naira ta lalace, kuɗin watan ya zama ba wani abu ba, cinikin 'yan kwanaki ya ishe shi. Sai dai a lokacin fili ya tafi, ƙarfi ya tafi, yara sun riga sun zama abin da suka zama. Sauƙin ya zo lokacin da ba shi da amfani.

Ranar da na kai na ƙarshe, suka sa na yi ta zarya kafin su fito da takardar gidan. Na kai wa matar Yaya a cikin leda. Ta rungume ta tana kuka, tana sa min albarka har muryarta ta dushe. Na wuce maƙabarta na tsaya a kan kabarin Yaya na ce masa an gama, ya kwanta.

Ba a yi shekara biyu ba babban ɗansa ya zo daga Abuja, inda yake aiki. 'Yan'uwansa mata duk sun yi aure, uwarsu za ta koma wajensa, gidan za a sayar a raba gado. Ni ba ni da gado a ciki, tunda akwai ɗa namiji, wannan na sani. Daɗin Kowa ta yi tsada, gidan ya yi kuɗi sosai.

Ranar rabo aka kira ni. Tsohon limamin ya rasu, wani matashin malami ne ya zo. Yaron ya durƙusa a gabana, yaro ne mai ladabi, ba zan ɗora masa abin da bai yi ba. Ya ce, "Baffa, ba mu manta ba. Na je banki da kaina na sa sun duba abin da ake bin Baba ranar da ya rasu. Mun cire shi cif kafin rabo. Ga shi, naka ne."

Ya miƙo min takardar shaidar tura kuɗin, fuskarsa tana haske. Na duba. Lambar nan ce da yarinyar banki ta ɗora wa farce.

Na ce, "Ɗana, ka tambaye su nawa na zuba daga ranar zuwa ranar da suka saki takarda?"

Ya ɗan yi turus. Ya ce, "Ai sauran ruwa ne, Baffa."

Malamin ya gyara zama ya ce haka ne, ruwa haramun ne, ba ya shiga lissafin bashin mamaci, uwar kuɗi kawai ake fitarwa.

Na ce, "Allah gafarta malam, haramun ɗin nan da halalina na biya shi. Kilo-kilo."

Matar Yaya ta sunkuyar da kai. Yaron yana kallona da idon wanda ya kawo kyauta aka ƙi yi masa godiya, kuma na ga da gaske bai gane ba. Lissafin da na yi a gaban makarar ubansa, shi ne shi ma ya yi: abin da ake bi shi ne abin da ake biya. Ina zan fara? In jawo masa baro? Na ninke takardar na sa a aljihu na ce Allah ya yi albarka.

Washegari ban fita kasuwa ba. Na hau mota zuwa inda filina yake a da. Da ƙyar na gane wurin, duwatsun kaɗai ne ba su canza ba. An yi gidaje har bayan tudun. Na tambayi wani dillali kuɗin fili a wajen, ya faɗa, na yi masa sallama. Abin da ke aljihuna ko rubu'i bai kai ba. A kan tushen da na haƙa da hannuna akwai gida mai jan rufi da baƙar ƙofar ƙarfe. Ta saman katanga na hango itacen fiya, ya fi rufin tsawo.

Da kuɗin na biya mana hayar shekara biyu gaba, na gyara rufin ɗakinmu da ke yoyo tunda mai gidan ya ƙi, sauran na ba ɗana ya haɗa ko zai samu keken kansa.

Ranar da na je filin, da na dawo, maiɗakina tana zaune a bakin ƙofa tana tsintar shinkafa, ƙafafunta a miƙe saboda ciwon gwiwa. Ban gaya mata inda na je ba, amma ta ga jar ƙasa a takalmina.

Ta ce, "Itacen yana nan?"

Na ce, "Yana nan."

"Yana 'ya'ya?"

"Ya yi, har reshe yana lanƙwasa."

Ta ce, "To." Ta ci gaba da tsintar shinkafarta.